Ayaba a Kan Ƙyalle

Ƙarar daga ɗakin ɗanta take fitowa. Katako ya yi ƙiii, sai shiru, shirun da ya isa mutum ya sha ruwa ya ajiye kofi, sannan wani katakon ya amsa. Buakham ta ɗaga gidan sauro ta kasa kunne. Ɓarawo ba ya tafiya haka, mage ma ba ta yi. Ta taɓa jin tsofaffi suna cewa mamaci idan ya dawo duba gidansa a hankali yake takawa, don ya manta yadda nauyin jiki yake. Ga shi kuwa ba a daɗe da ƙona gawar mijinta ba.

Ta lallaɓa ta leƙa ta tsagar bango. Baturiyar nan ce da ta ba wa masauki a ɗakin, tsaye da ƙafa ɗaya kamar zalɓe a bakin fadama. Sai ta sauke diddige, ta sauke tafi, ta tsaya, ta ɗaga ɗaya ƙafar. Bitar tafiyar natsuwa take yi, wadda ake koya wa baƙi matafiya a haikalin bayan kasuwa. Mai koyarwar kuwa shi ne mai ɗakin, Thawin, ɗan Buakham tilo.

Bayan rasuwar ubansa ya aske kai da gira, ya yafa mayafi ruwan goro, ya shiga cikin 'yan zuhudu don ladan ya isa ga mamacin. Watanni ukun damina kawai, in ji shi, kamar yadda samari suka saba. Gobe zaman damina zai ƙare. Buakham ta riga ta wanke masa wando da riga, ta goge, ta ninke.

Da asuba ta durƙusa a bakin titi da kwandon shinkafa mai danƙo, ita da maƙwabciyarta Chanpheng, suna jiran layin 'yan zuhudu masu karɓar sadaka.

"Ke dai kin haye, tsohuwa," in ji Chanpheng. "Ɗanki ya kama miki wuri a sama tun kina raye. Ni nawa yana Bangkok yana saya wa 'yan mata waya."

"Naki ai yana kiranki."

"Yana kira in aljihu ya bushe. Mu yi musanya mana, in haɗa miki da matarsa kyauta."

Buakham ta yi 'yar dariya. Ba ta gaya wa kowa abin da likitan ido ya ce mata a asibitin gunduma ba. Ya ce ganinta yana rufewa daga gefe zuwa tsakiya, kuma abin da ya tafi ba ya dawowa. Yanzu duniya tana zuwa mata ne kamar ta cikin bututun gora. Ga shinkafa ta fara yin ja a gona, ba mai yanka.

Layin ya iso, ƙafafu ba takalmi. Ta gane ƙafar Thawin da tabon bututun babur a ƙwaurinsa. Ya tsaya ya buɗe murfin kwanonsa, idonsa a ƙasa kamar yadda ƙa'ida ta ce. Ta dunƙula shinkafa ta miƙa, tana kiyaye kada yatsanta ya shafi bakin kwanon, don mace ba ta taɓa ɗan zuhudu, ko da ita ta haife shi. Ta saki. Shinkafar ta faɗi a kwalta, gefen kwanon. Kafin ta dunƙula wata, layin ya motsa, wani kare mai rabin wutsiya ya zo ya lashe.

"Lallai yau karnuka sun samu uwa," in ji Chanpheng.

Da hantsi Buakham ta sa wandon da rigar a ƙasan jaka, ta ɗora nonon ayaba a kai, ta bi Baturiyar zuwa haikali. A bakin matakala takalman baƙi sun taru, wasu manya har kaza za ta iya kwanci a ciki. An rarraba wa masu gajeren wando zannuwa, wani ƙaton Bature mai jan gemu ya ɗaura nasa har ƙirji kamar mai jego. Aka nuna musu yadda za su naɗe ƙafa kada tafinsu ya fuskanci mutum-mutumin Buddha. Buakham ta zauna can baya kusa da ginshiƙi.

Tun tana yarinya take kawo abinci wannan haikali, amma ba ta taɓa zaman natsuwa ba. Wannan, a ganinta, aikin 'yan zuhudu ne da waɗanda ba su da ɓauna a gida.

Thawin ya hau dakalin katako ya fara magana da Turancin da ya koya lokacin da yake jan baƙi yawo a birni. Ba ta fahimci ko kalma ɗaya ba. Muryar dai ta sauya mata, ta kwanta, ba irin ta da ba mai gaggawa. Baƙin suka yi dariya a wani wuri, ita ma ta yi. Can ya hango ta. Ya ɗan dakata, sannan ya juya zuwa harshensu.

"Yom, numfashi kawai za ki bi. In ya shiga, ki san ya shiga. In ya fita, ki san ya fita. Tunani in ya zo, kada ki kore shi, kada ki riƙe shi."

Yom. Haka 'yan zuhudu suke kiran kowa, daga mai sayar da gawayi har gwamna.

Ta rufe ido. Numfashi ya shiga. Ya fita. Ya sake shiga, sai ga gonar, da tsuntsayen da suka fara sauka a kanta. Ta komo. Ya fita, sai ga Thawin yana ɗan wata shida, da ƙurjin da ya fito masa bayan kunne, yadda take hura masa iska a wurin har barci ya ɗauke shi. Ta komo. Duhun da ke bayan fatar idonta ya ba ta tsoro, don ta ga a nan za ta zauna nan gaba, ba mai kaɗa ƙararrawa ya ce a buɗe. Ta buɗe idon tun lokaci bai yi ba. Baƙi sun yi tsit. Ƙaton mai gemu yana gyangyaɗi, wata ƙadangaruwa ta tsaya a bango daidai kansa tana kallonsa.

Da aka tashi, ta jira baƙin suka gama tambayoyinsu. Sannan ta matso da gwiwa, ta haɗa tafuka a goshi, ta sunkuya wa ɗanta sau uku.

"Ranka ya daɗe, an wuni lafiya?"

"Lafiya lau, Yom. Ya gwiwar?"

"Da sauƙi." Ta gyara jakar a cinyarta. "Gobe ne ƙarshen zaman damina."

"Gobe ne." Ya dubi hannuwansa. "Dama ina so in aika a kira ki. Shugaban haikali ya ce in zauna. Baƙi suna ƙaruwa, ba mai jin harshensu sai ni." Ya ɗago ido ya ce, "Kada in fake da shi. Ni ma ina so. Kin san yadda nake a da, kwalba, babur, ba barci. Yanzu ina kwanciya in yi barci, Yom. Ban san haka barci yake ba."

"Har yaushe?"

"Ban sa rana ba."

"Shinkafa ta kusa."

"Zan yi wa mutanen gari magana ranar wa'azi. Za a taru a yanke miki, ba wanda zai ƙi."

Gaskiya ne, ba wanda zai ƙi. Kowa yana son ladan taimakon uwar ɗan zuhudu. Kuma kowa ya san nauyin da ke kan wanda ya janye mutum daga mayafin zuhudu.

"Ranka ya daɗe, ɗan matso wajen taga."

"Me ya faru?"

"Nan da duhu."

Ya matsa. Hasken ya sauka masa a fuska. Sai da ta bi ta kashi-kashi, don ba ta shiga idonta gaba ɗaya: goshi tukuna, sannan wurin da gira take a da, sannan baki. Kumatunsa sun ciko. Baƙin da ke ƙarƙashin idonsa tun yana ɗan ashirin ya washe. Maganar likita tana bakinta. Ta san in ta faɗa, gobe da hantsi zai sa wandon nan, ba zai ko yi musu ba.

Ta sa hannu cikin jakar, ta ji santsin gugar da ta yi, ta zaro ayabar kaɗai.

Thawin ya ɗauko ɗan ƙyallen da ake karɓar sadakar mata da shi, ya shimfiɗa a gabansa, ya riƙe baki ɗaya. Ta ɗora ayabar a ɗaya bakin. Ya ja a hankali. Ƙyallen bai tafi ba, don yatsunta biyu suna danne da gefensa. Ya sake ja kaɗan. Ta ji jan ya biyo zaren ya iso yatsunta, ƙarfin hannunsa ne sosai, irin wanda yake jan bakin zaninta da shi a kasuwa. Ba ta ɗaga kai ba. Daga bayanta wayar wani baƙo ta yi ƙyas, an ɗauki hoto.

Ta ɗage yatsun. Ya janye ayabar, ya fara karanta mata addu'ar albarka, ta haɗa hannu ta saurara har ƙarshe.

A hanyar gida Baturiyar ta karɓi jakar ta riƙe mata, tana ta zuba magana, tana dafa ƙirji, tana nuna haikalin. Buakham tana gyaɗa kai, tana bin farin layin gefen titi da ido.

Sun tarar da Chanpheng a ƙarƙashin gidanta mai dogayen ƙafafun katako tana yankan ganyen ayaba na adon bikin gobe, mijinta yana wasa wuƙa. Ta taso ta jingina da shinge.

"Yauwa, uwar mai lada, ke nake jira. Wannan tsohon ya dame ni tun rana. Kazar da za mu yi wa Thawin barka da dawowa, a kama ta yau ne, ko a bari sai ya shigo gida?"

Buakham ta kama ƙarfen matakala, tana laluben takin farko da ƙafa. Baturiyar ta tsaya da jakar a hannu, tana murmushi, tana duban wannan tana duban waccan.