Furannin da Fasto Alwyn Ya Ɓoye

Ga ta nan, ga ta nanku. Ta zo mu saurara. To, ku matso kusa.

A wani ƙauyen masu yankan katako a kudancin Tasmaniya, akwai wata tsohuwa, Merle Direen. Mijinta Alwyn shi ne faston ƙauyen har ya rasu, bara waccan. Abin da ya bar mata shi ne littattafan tauhidi, manya-manya masu baƙin bango, cike da kanta uku. Kullum sai ta goge su, amma ba ta yarda kowa ya buɗe.

Wata ranar Talata cikin sanyin Yuli, sai ga Tegan, 'yar ƙaninta, wadda ke aiki a ofishin tsara gandun dajin gwamnati. Ta shimfiɗa taswira a teburin kicin, ta danne gefenta da butar shayi.

"Gwaggo, kin ga inda aka zagaye da ja? Kwarin Rowan ne. Yana cikin inda za a sare baɗi."

A kwarin nan itacen turare ya faɗo wa ɗansu guda, Rowan, yana bakin aiki. Tun daga nan ake kiran wurin da sunansa.

"Akwai mafita ɗaya," in ji Tegan. "Wani ɗan fure fari da doka ta kare. In aka tabbatar yana fitowa a can, dole a cire kwarin daga tsarin. Amma sai Disamba yake buɗewa, mu kuma Juma'a za mu rufe karɓar hujja. Na tuna ina ƙarama na ga Baba Fasto yana matse shi cikin littafi."

"Idonki dai tun kina yarinya ba ya zama wuri ɗaya."

"Gado na yi, Gwaggo."

Merle ta tashi ta ɗauko juzu'i ɗaya. Ga furen nan a tsakiya, ya bushe kamar fiffiken fara. A gefen shafin, da fensir, Alwyn ya rubuta: "Tara ga Disamba, ƙasan dutsen da Rowan ya kwanta, fure shida. Na kira Ubangiji, ba a amsa ba. Jibi zan hau mumbari in faɗi abin da ban ji a raina ba."

Haka yake a littafi ashirin da biyu, kowace shekara ɗaya. Sai bayan jana'izar Alwyn Merle ta gano su, ba ta kuwa gaya wa kowa ba.

Tegan ta karanta, ta cire tabarau.

"Gwaggo, ba zan ɓoye miki ba. Duk hujjar da ta shiga tsarin, a fili ake ajiye ta, kowa na iya dubawa. Kuma shafin za mu ɗauki hotonsa dungum, don kwanan wata da wurin suna cakuɗe da sauran maganar."

Suna cikin haka sai ga Clarrie, dattijon ikilisiya, tsohon direban motar katako, ya kawo mata itacen hura wuta. Ya ji ƙarshen maganar, ya leƙa littafin kafin a hana shi. Ya cire hularsa, ya ce:

"Maman Rowan, rufe abin nan. Mutumin da ya yi wa rabin garin nan baftisma! Kina so a zauna a mashaya ana cewa fastonmu bai yarda da Allah ba? Don ciyawa?"

"Fure ne, Baba Clarrie," in ji Tegan.

"Ke 'yar ofis, yi mana shiru. Ku da ba ku san itace ba sai a takarda."

"Kai da ka san shi, ai ka kwashe rabinsa."

"Ya isa," in ji Merle. Ta zuba musu shayi, ta yanka burodi mai zabibi, ta ce su ba ta zuwa Alhamis.

Kwana biyu tana jera littattafan bisa tebur bi da bi. Tana neman shekarar da zai ce an amsa masa, ko ta samu abin rufe bakin mutane. Babu. A na ƙarshe ma cewa ya yi: "Fure biyu. Shiru. Zan dawo." A kan wannan ta tsaya. Ta tuna shekarar: gwiwarsa ta kumbura, ta yi masa faɗa, ya ɗauki sanda ya tafi.

Ranar Alhamis da hantsi ta kira su duka biyun.

"Clarrie, kai ka ga mutumin da ba a amsa wa ba. Ni na ga wanda ya koma sau ashirin da biyu yana kira. Ban san sunan wannan ba in ba bangaskiya ba. In na rufe shi, don kunyata na rufe, ba don tasa ba. Tegan, kawo kwali."

Clarrie ne ya ɗauki kwalin littattafan zuwa mota.

Ofis ya dakatar da saran, da Disamba aka je aka ga furen, aka cire kwarin daga tsarin. Magana ta zaga gari. Gida biyu suka daina zuwa coci, wasu masu aikin katako suka daina gaishe da Merle. Clarrie ya yi wata uku yana fushi, sannan ya ci gaba da kawo itace. Saboda wannan magana aka canza wa Tegan wurin aiki zuwa ofishin arewa. Littattafan suka dawo bayan shekara, ba tare da furannin ba, don an adana su a ma'ajiyar tsirrai. Merle ta ƙara shekara shida a gidanta, ta rasu, aka binne ta kusa da mijinta da ɗanta.