Tarin Jan Tauraro

A waccan duniyar ba a duba tauraro da ido, saurarensa ake yi. Aji uku ne kawai: mai barci, mai minshari, mai tari. Mai barci, kowane jirgi ya je ya dawo abinsa. Mai minshari, a je amma da hattara. Mai tari kuwa, nan take ake rufe hanyarsa, don ba wanda ya san ranar da zai yi aman wuta. Ma'aikatan da ke kusa da shi sai su shige ramukan ɓuya su jira, wani lokaci har shekaru.

Inna ce ke yanke aji a ofishin sauraro, kuma ba a jayayya da kunnenta. Autanta yana haƙar ƙarfe a gefen wani jan tauraro mai minshari, yau ne kuma jirgin da zai ɗauko shi da abokan aikinsa zai tashi.

Tun safe ta maƙala abin sauraro a kunne. Minsharin na tafiya daidai, sai can ƙasa ta ji wani abu ya karce. Ta kashe fanka, ta sake kasa kunne. Abin ya ƙara karcewa.

"Dogo, zo ka ji," ta ce wa abokin aikinta.

Shi Dogo ko gobara ya gani sai ya ce ɗumi ne. Ya saurara, ya ƙi haɗa ido da ita.

"Haba Inna, wannan ai gyaran murya ne."

"Akwai ajin gyaran murya?"

"Babu. Shi ya sa za mu bar shi a minshari. Su je su kwaso mutanen, suna dawowa mu ce tari."

Har ga Allah maganar ta yi mata daɗi, kuma wannan ne ya fi ba ta tsoro. Ta raini 'ya'ya, ta san tarin da ke tsayawa a maƙogwaro da wanda ke tasowa daga ƙirji. Wannan daga ƙirji yake.

Direban jirgin ya leƙo, hula a hannu, yana murmushi.

"Inna, injin ya yi zafi, ke muke jira. Matata ta ishe ni da kuka, wai jikinta bai ba ta ba. Na ce mata in dai Inna ta ce minshari ne, ko ido rufe zan tafi."

Ta cire abin sauraron ta ajiye a tebur.

"Kashe injin. Tari ne."

"Inna, auta fa?"

"Na ce ka kashe."

Bayan fitarsa wayarta ta yi ƙara. Matar auta ce, muryarta fal murna.

"Inna, na gama gyaran ɗaki, har labule na wanke. Don Allah wace riga zan sa mu je tarbarsa?"