Kujerar Marigayi Ishen

Som dubu biyu da ɗari biyar, a kuɗin ƙasarsu, Mirbek yake sayar da sirrin birnin Bishkek, har da gyaran giya kwalba ɗaya. Duk Alhamis da Asabar da ƙarfe bakwai na yamma za ka same shi a bakin dandali riƙe da jar lema, ko da babu ɗigon hadari a sama, yana jiran baƙin da suka biya ta waya domin a zaga da su mashayun da, in ji tallarsa, "ko 'yan gari ba su san da su ba". Mashayun nan uku ne, kuma babu direban tasin da ba zai kai ka ƙofarsu ido rufe ba. Ta biyun ma sai ka faɗi kalmar sirri kafin a buɗe maka, ita kuwa kalmar an rubuta ta da alli a jikin ƙofar, saboda mai gadi ya gaji da masu mantuwa.

Shekara uku ke nan yana wannan sana'a, tun da ya ajiye aikinsa na injiniyan ruwa. Da fari taurari biyar-biyar baƙi ke zuba masa a manhaja. Bana abin ya fara tsami. Wata Bafaranshiya ta rubuta cewa a cikin ɓoyayyiyar mashayar ta iske mai otal ɗinta da surukarsa suna cin gyaɗa. Mirbek ya gangaro zuwa taurari uku da rabi, ya shiga neman wani sabon sirrin da zai sayar.

Mahaifinsa Toktosun tsohon makanikin motocin bas masu lantarki ne, kuma mutum ne da ba ya ɓarnar magana. Tun ranar da ɗansa ya bar ofis ya kama lema, duk hirar da ke tsakaninsu ba ta wuce "Ka ci abinci?" Ba zagi, ba faɗa. Mirbek da ya san mahaifinsa ya gwammace a zage shi.

Tsohon yana da gareji mai lamba arba'in da bakwai a layin garejin ƙarfe da ke bayan titin jirgi. Mota ta bar garejin tun da daɗewa, amma shekara talatin kowace Alhamis aminai huɗu ke zama a ciki: shi, da Sapar, da Valera Barashe, da Ishen. Kujera huɗu, kofi huɗu. Mata ba su shiga, 'ya'ya ba su shiga, surukai ko sun zo da sa a bakin ƙofa suke tsayawa. A hunturun da ya wuce Ishen ya rasu.

Ranar Laraba wayar Mirbek ta yi ƙara.

"Gobe ka zo gareji," in ji Toktosun. "Kujerar Ishen ba kowa."

Ya kashe waya kafin a amsa masa. Mirbek ya zauna a bakin gado, ƙwalla ta cika masa ido. Abin da yake jira ke nan tun yana ɗan shekara goma, kuma bayan shekara ukun nan na shiru ya riga ya fid da rai. Murna ta kama shi sosai. Sai can ya tuna gobe Alhamis ce, mutum bakwai sun biya.

Mai hankali sai ya mayar musu da kuɗinsu. Mirbek kuwa ba hankali ne ya yi masa yawa ba, wayo ne. Ya kwanta yana lissafi: a ƙasar nan ba a taɓa haihuwar uban da zai kori baƙo daga ƙofarsa ba, balle Toktosun. Baba zai ga ɗansa da Turawa bakwai suna binsa kamar 'yan tsaki, ya san sana'ar ba wasa ba ce. Turawa kuma su ga abin da babu shi a taswira da gaske. Kafin barci ya ɗauke shi har ya ƙara layi a tallarsa: "Zango na huɗu: ramin tsofaffin zamanin Sobiyet."

A mashaya ta farko, wadda da can gidan wanka ce ta ƙarƙashin ƙasa, ya ɗaura wa kowa jan zare a hannu, alamar ayarinsa, ya hau kan akwatin giya ya fara karatun da ya haddace. Cikin baƙin akwai Torsten, Bajamushe mai gilashi, wanda ya zo yawon mashaya da littafi da biro kamar mai shirin jarrabawa. Akwai kuma Bronwyn 'yar Ostareliya, wadda muryarta ke riga ta shiga ɗaki.

"Jama'a, ku saurara, wannan zai cece ku a ƙasar nan," in ji Mirbek. "In kun shiga gidan mutum ya zuba muku shayi ɗan kaɗan a gindin kofi, kada ku ce rowa ce. Girmamawa ce. Yana nufin ku zauna, zai yi ta ƙara muku har gari ya waye. Amma in ya cika kofin fal har baki, to ku nemi takalmanku. Cewa yake ku sha ku ba shi wuri."

Aka yi dariya a daidai inda ake yi kullum. Torsten ya rubuta, har da jan layi a ƙasa.

"Giya fa?" in ji Bronwyn. "In an cika min kofin giya kora ta ake?"

"Giya ba ta da al'ada, 'yar'uwa. Sha kawai."

A ta biyu suka karanta kalmar sirri a jikin ƙofa suka faɗa wa mai gadi, ya yi hamma ya buɗe. A ta uku, kan rufin wani tsohon kanti, wani mai gemu yana kaɗa garayar gargajiya a kan kiɗan inji, su biyun kowa na bin hanyarsa. Baƙi suka ɗaga wayoyi suna cewa ba su taɓa jin irinsa ba, kuma gaskiyarsu ne. Mirbek dai agogo yake dubawa. Tara ta gota, shi kuwa ya san tun takwas ake zama a gareji.

Suka cika tasi biyu. Daga bakin titin jirgi suka taka da ƙafa cikin layin garejin, karnuka na haushi, Bronwyn na ihun cewa wannan shi ne abin da ta biya. A ƙofar lamba arba'in da bakwai Mirbek ya naɗe lemarsa, ya gyara wuyan riga, ya ƙwanƙwasa.

Sapar ne ya buɗe, bakinsa har kunne. "Ga ɗan gida! Toktosun, ga..." Sai ya hango kawuna bakwai a baya, maganar ta maƙale.

Mirbek ya ga ciki. An share garejin tas, abin da bai taɓa ji an yi ba. Tebur na shimfiɗe da farin ƙyalle, ga nama a faranti, ga tulin soyayyiyar fulawa irin wadda ake yi ran Alhamis don tunawa da mamata. Kofi huɗu. Mahaifinsa na sanye da kwat ɗin da yake zuwa biki da ita, da farar hularsa mai tsini. A damansa ga kujerar Ishen, irin mai naɗewar nan, an sake mata ƙafa an shafe ta da sabon koren fenti. Har ƙamshin fentin ana ji.

Toktosun ya dubi ɗansa. Ya dubi jan zaren da ke hannun kowa, har da na ɗan nasa. Sannan ya miƙe ya ɗora hannu a ƙirji.

"Baƙi daga Allah suke. Ku shigo."

Ka ji fa. Lissafin Mirbek ya fita daidai, har ya ji wani ɗan alfahari ya taso masa. Aka jawo tayoyi da akwatunan kayan aiki aka yi wurin zama. Kafin ya ƙarasa fassara gaisuwar, Bronwyn ta hango kujera mafi kyau a ɗakin ta faɗa kai.

"Wayyo ƙafafuna! Wannan tawa ce, kowa ya yi ta kansa."

Sapar ya buɗe baki. Toktosun ya ɗaga masa yatsa ɗaya, ya rufe. Ba a tayar da baƙo daga inda ya zauna. Mirbek ya tsaya a jikin ƙofa, lema a hammata.

"Kai, Mirbek," in ji Valera, yana leƙensa ta saman gilashi. "Ce min, mu ne birai su ne 'yan kallo, ko kuwa su ka kawo mana mu kalla? Don in mu ne, in cire haƙorana in yi musu wasa."

"Haba Kawu, abokaina ne."

"Abokanka? To ya sunan wancan dogon?"

Mirbek ya dubi dogon. Lamba ta biyar yake a jerin, abin da ya sani ke nan.

"Bar yaro, Valera," in ji Sapar. "Ba ka ga yana da lema ba? Babban mutum ne yanzu. Mu da muka yi shekara arba'in ruwa na dukanmu a ƙarƙashin mota wa ya ba mu lema?"

"Me suke cewa?" in ji Torsten, biro a hannu.

"Suna muku maraba," in ji Mirbek.

Aka tura wa baƙi naman da aka dafa domin mutum huɗu, suka yi masa kaca-kaca. Bronwyn ta nemi hular tsohon don ta yi hoto. Hular da ko matarsa marigayiya ba ta taɓa ɗora wa kanta ba, Toktosun ya cire ya miƙa mata da hannu biyu. Wani ya tambayi ina barasar take, Mirbek ya fassara.

"Gaya masa likita ya riga shi zuwa," in ji Valera. "Shekara shida ke nan shayi muke sha kamar 'yan matan amarya."

Torsten kuwa, da yake mutum ne mai son a yi komai a fili, ya buɗe tallar a wayarsa ya miƙa wa Toktosun, yana nuna masa cewa ga shi nan, ya shahara. Tsohon ba ya jin Turanci. Ya miƙa wa ɗansa wayar.

"Karanta min. Me ka ce mu ne?"

"Baba, talla ce kawai."

"Na ji. Karanta."

Mirbek ya karanta, muryarsa can ƙasa. Ya so ya sauya kalmar rami, amma Valera na da jika a Landan, yana ɗan tsintar Turanci, kuma idonsa na kan wayar.

"Rami," in ji Toktosun, yana gyaɗa kai kamar an gaya masa farashin albasa. "To. Ruwa ya tafasa."

A ƙasar nan ƙaramin cikin 'yan gida ne ke zuba shayi, wannan ko jariri ya sani. Mirbek ya jingine lema da sauri ya kai hannu ga butar, yana ganin ga ƙofar gyara ta buɗe. Mahaifinsa ya janye butar a hankali.

"Bari. Baƙo ba ya zuba shayi."

Sapar ya sunkuyar da kai. Valera, wanda bakinsa bai taɓa hutawa ba, ya shiga goge gilashinsa.

Aka lalubo kofunan tangaram marasa hannu daga wani kwali. Toktosun ya riƙa zubawa da kansa, ɗan kaɗan a gindin kowane kofi, yana miƙawa da hannun dama, hagu a ƙirji. Torsten ya leƙa nasa ya yi murmushin ɗalibin da tambayar da ya karanta ta fito. Bronwyn ta samu, dogon ya samu, Sapar da Valera suka samu. Saura kofi ɗaya, na gaban koriyar kujera, wanda aka ajiye tun yamma. Tsohon ya ɗauke shi ya kafa masa buta. Ya zuba ya wuce rabi. Ya ci gaba. Hannunsa ko rawa bai yi ba har shayin ya tsaya cif da bakin kofin, ɗigo ɗaya bai zuba ba. Aikin makaniki.

Ya miƙa wa ɗansa.

"Kai, son kai ƙiri-ƙiri!" in ji Bronwyn daga kan kujerar Ishen, hula a karkace. "Mu an ɗiga mana kamar maganin ido, ɗansa an cika masa. Uba dai uba ne!"

Torsten ya buɗe littafinsa ya koma baya shafi biyu. Ya karanta layin da ya ja wa layi. Ya dubi Mirbek, ya rufe littafin, ya sa biron a aljihu.

Kofin da ba shi da hannu in ya cika babu inda za ka riƙe shi. Mirbek ya karɓa, tangaram ɗin na cin yatsunsa, bai isa ya ajiye ba. Kunya da baƙin ciki suka rufe shi.

"Baba..."

"Sha da zafinsa, ɗana. Kana kan aiki, kada mu tsare ka."

Ya sha a tsaye, har ƙasa, harshensa ya ƙone. Su kuwa baƙi sai da aka ƙara musu sau uku-uku, kuma da suka tashi tafiya tsohon ya raka su har bakin ƙofa ya cika musu aljihu da soyayyiyar fulawa.

Ba su kai titin jirgi ba wayar Mirbek ta yi motsi. Bronwyn ce, tana tafe a gabansa tana dannawa. Taurari biyar, na farko cikin wata huɗu, har da shawarar cewa kowa ya nemi zango na huɗu, kuma ya yi sauri ya kama koriyar kujera.

Sai ya tuna ya bar lemarsa. Ya ce su jira, ya koma da sassarfa. Lemar na waje, an jingine ta a jikin ƙofa. Ta tsagar ƙofar ya hango mahaifinsa ya naɗe kujerar, ya taka akwati, ya rataye ta a ƙusa can sama kusa da tsofaffin tayoyi. Sannan ya sauko ya zauna, ya zuba shayi kofi uku.