Saniyar Malam Haladu Mai Ciki

Malam Haladu ya yi shekara ashirin da biyu yana riƙe da makullin sito a wani ofishin gona a Bukkuyum. Buhunan taki kawai ya sani, amma tun da ya ajiye aiki yake jin kansa likitan dabbobi.

Wata ranar kasuwa ya je Gummi ya dawo da jar saniya, cikinta ya yi tulu. Ya ɗaure ta a ƙofar gida, ya shaida wa 'yan majalisarsu cewa cikin wata shida ne, kuma maraƙin namiji ne, don ya kara kunne ya ji motsinsa.

Jibo, makiyayin da ya tsufa cikin shanu, ya zo wucewa ya tsaya. Ya latsa gefen cikin, ya duba hantsar.

"Malam, wagga nagge ba ta da ciki," in ji shi. "Ciwo ne. A kai ta a duba."

Haladu ya tuntsire da dariya, ya tambaye shi ajin da ya gama a makaranta. Jibo ya saɓa sandarsa ya wuce.

Wata uku suka cika, shiru. Haladu ya ce saniyar irin ƙasar waje ce, su sukan jinkirta haihuwa. Da matarsa Zubaida ta nuna masa haƙarƙarin dabbar duk sun fito, sai ya ce ɗan ne ke janye abincin, alamar ƙato za a haifa. Ya hana a ba ta magani, ya ƙara mata dusa.

A wata na takwas da sayenta saniya ta kwanta ta kasa tashi. Aka kira Sagir mahauci kafin ta zama mushe. Haladu ya tsaya a kansa yana gargaɗin ya bi da wuƙa a hankali, kada ya yanki maraƙi.

Mahaifa wayam. Da Sagir ya farke tumbin kuwa, sai ya zaro dunƙulen leda da ya cika daron Zubaida, da igiya, da guntun buhu, da takalmin roba ƙafa ɗaya.

Haladu ya daɗe yana jujjuya takalmin da tsinke, sannan ya ɗago ya dubi jama'a.

"To, kun dai gani," ya ce. "Ledar ga ita ta narkar da maraƙin."

Har mutum biyu suka gyaɗa kai. Zubaida ta leƙo daga zaure ta ce idan ya gama bayani, ya wanke mata daronta.