Taƙin Ƙarshe na Zanen Nna Wusa

A garinmu Ebangi, bakin babban kogi, ba mu san maganin da ya wuce zanen Nna Wusa ba. Duk shekara take saƙa sabo, fari sol, da audugar wani tsibiri da ke fitowa tsakiyar ruwa idan rani ya yi. In aka lulluɓa wa marar lafiya da safe, kafin azahar zai tashi ya nemi tuwon shinkafa. Sai dai duk wanda ya warke, taƙi guda na zanen, kamar faɗin hannu, zai koma baƙi ƙirin, kuma inda ya yi baƙi ya gama aiki. Ni na fi kowa sani, don ni nake mata kaɗi tun muna 'yan mata.

Shekara uku a jere tsibirin bai fito ba. A ta ukun zazzaɓi ya sauka a garin, mai tafiya da mutum cikin kwana huɗu. Muna kallo zanen ya yi ta baƙi, har ya rage taƙi ɗaya tak.

Rana guda mutum biyu suka kwanta. Ɗaya Wodu ce, 'yar Nna Wusa tilo, da cikinta wata bakwai. Ɗayan kuwa Kolo ne, masunci mai bakin tsiya, wanda ba wanda ya kai shi nutso a duk kogin.

Da hantsi dagacinmu Ndagana ya shigo ya durƙusa a gindin masaƙa, abin da bai taɓa yi wa mace ba.

"Nna, Kolo kaɗai ya san inda tsibirin yake kwance. Ya ce in ya tashi zai nutsa ya ciro mana iri."

"Kolo ya ce? Kolon da ya ce ya taɓa hawan dorinar ruwa?"

"Shi ɗin. Ba mu da wani."

"To, ni kuma ina da wata?"

Dagaci ya sunkuyar da kai. Daga cikin ɗaki Wodu ta kira uwarta da ƙyar. Na bi ta muka shiga.

"Nna, ina jin ku. In kin rufa min, wanda zan haifa fa in ya kwanta, me za ki rufa masa?"

"Rufe min baki. Ba ki haihu ba tukuna, kin fara yi min iyayi."

Ta zauna tana shafa kan 'yarta har rana ta take tsaka. Sannan ta ninke zanen ta miƙo min ba tare da ta dube ni ba. "Kai masa. In na kai da hannuna, shaƙe shi zan yi."

Na tarar da Kolo yana rawar ɗari. Da ya ga abin da ke hannuna sai ya juya fuska bango.

"Mayar mata. Ni tsohuwar ƙwarya ne, me za a adana a cikina?"

"Kwanta, sarkin ƙarya. Yau dai a ga gaskiyarka."

Kafin la'asar ya miƙe. Wodu ta cika ranar Laraba, da abin da ke cikinta.

Kolo bai tsaya zaman makoki ba. Ya ɗauki jirginsa ya tafi, ya yi kwana tara yana nutso har jini ya riƙa fita ta kunnensa. Ran na goma ya dawo da tafin hannu cike da gurya, baƙa, mai warin laka. Muka shuka a bayan gari, mata suna ɗebo ruwa a jere. Ko tsiro ɗaya bai fito ba. Da muka tona, duk ta ruɓe.

Ya sake komawa sau biyu. A na ƙarshe ya dawo hannu wofi, ya ce ruwa ya kwashe ƙasar tsibirin gaba ɗaya, yashi ne kawai a wurin.

Daga nan mutane suka fara ɗaure kaya. Jirage suna gangarawa kudu, wasu da marasa lafiyarsu kwance a kan tabarmi. Ndagana ma ya tafi bayan ya binne matarsa.

Nna Wusa ta sa na kaɗa mata audugar gona, ta saƙa wani zanen. Duk mun san ba ya komai. Amma waɗanda ba su da ƙarfin tafiya sukan aiko, ita kuma ta je da kanta ta lulluɓa musu, ta zauna riƙe da hannunsu har su cika. Ta wanke, ta shanya, ta jira na gaba.

Kolo ne ke haƙa kaburburan, don ba sauran namiji mai ƙarfi. Kunnensa ya mutu, sai an yi masa ihu. Wata rana da yamma ya tsaya a ƙofarta da fartanya a kafaɗa, ya ce, "Nna, ki zage ni mana. Ko sau ɗaya."

Ta ɗago ta daɗe tana dubansa, sannan ta ɗaga murya yadda zai ji.

"Gidan su Jiya akwai gawa biyu. Ka fara da ƙaramar."

Ya gyara fartanyarsa ya tafi. A lokacin mu goma sha ɗaya muka rage a Ebangi.