Daƙiƙa Tara na Shugaba

Shekara talatin da ɗaya Baba Agogo ya yi yana auna gudun 'yan tsere a bakin layin ƙarshe, bai taɓa ƙara wa kowa daƙiƙa ba, bai taɓa rage wa kowa ba. Bai da mota, gidan ma na haya ne. Abin da yake taƙama da shi kawai sa hannunsa: in ya sa shi a ƙasan takarda, magana ta ƙare.

Sai zaɓe ya matso a hukumar wasannin tsere da yake wa aiki, wadda ƙasashe da dama suka haɗu suka kafa. Shugaba ya shekara goma sha shida a kujera, tumbinsa har riga shi shiga ɗaki yake yi. Wakilai sun sha tikitin jirgi da ɗakunan otal daga hannunsa, amma duk da haka aka fara raɗe-raɗin wai ya tsufa. Abin ya ƙona masa rai. Ya ce zai yi gudun mita ɗari a gabansu, kowa ya gani.

Ya kuwa yi. Ya taho yana haki, gajeren wandon na neman sulluɓewa, ya iso layi da ƙyar, aka tare shi da kujera. Baba ya duba agogo, ya rubuta daƙiƙa ashirin da ɗaya, ya sa hannu, ya miƙa.

To, a hukumar nan takarda ba ta zuwa wurin mai sanarwa sai ta bi ta tebur uku. Mataimaki ya karɓa, ya ga ashirin da ɗaya, ya ce a ransa wannan ai cin mutunci ne, ya mayar da ita sha bakwai. Ma'aji, wanda hannunsa ya saba da gyaran lamba, ya mayar sha biyu. Sakatare bai san an riga shi ba, kuma shi ma yana son a san ya yi ƙoƙari. Ya rage uku.

Mai sanarwa ya karanta: "Daƙiƙa tara cif! Da sa hannun Baba Agogo!"

Manyan hukuma suka miƙe suna tafi. Cikinsu ba wanda ya san ko zakaran zakarun masu gudu bai taɓa yin haka ba, don rabonsu da kallon tsere tun kafin su samu ofis. 'Yan tseren da ke gefe kuwa suka zube ƙasa suna dariya, 'yan jarida suka yo caa.

Baba bai yi dariya ba. Kunya ce ta kama shi, ga baƙin ciki, jin sunansa manne da wannan ƙarya a lasifika.

Sai da wani ɗan jarida ya raɗa wa Sakatare, sannan ya gane ɓarnar da suka yi. Ya rugo ya ja Baba gefe, gumi na zuba.

"Baba, don Allah ka rufa mana asiri. Ka ce agogonka ne ya samu matsala."

"Agogona lafiyarsa ƙalau, yallaɓai."

"To ka ce idonka ne. Tsufa ai ba laifi ba ne. Za mu sa ka a kwamiti, kullum kana jirgi."

"Ni da ko lif na hawa bene ba na so?"

"Baba, aikinka fa."

Nan ne gaban Baba ya faɗi, don ba shi da wata sana'a, kuma yana son filin nan har cikin ransa. Duk da haka ya taka zuwa wurin mai sanarwa, ya ce, "Ɗana, ara mini abin nan."

Ya ɗan buga lasifikar da yatsa.

"Jama'a, ashirin da ɗaya na rubuta. Kuma in faɗi gaskiya, ga mai irin shekarunsa da nauyinsa, ya yi ƙoƙari. Na yi zaton sai talatin."

Filin ya ɗauka da shewa. Shugaba ya yunƙura zai tashi, ƙafa ta ƙi.

Kafin la'asar takardar sallama ta iso wa Baba. Ya karanta a tsanake, ya ga an rubuta ya yi wa hukuma aiki shekara ashirin da biyar. Ya zaro biro, ya soke, ya rubuta talatin da ɗaya, sannan ya sa hannu.