Likkafanin Inna a Bango

…kuma wai sai na cire takalmi. To, na cire. Masallaci ne? Gidan Alhaji Abdulmutalib ne a Karaye, wani dogon ɗaki mai sanyin na'ura, an jera tarkacen mutane a cikin gilashi an haska musu fitila kamar amare. Yarinyar da ta buɗe mini ta ce sunanta Kausar, 'yar mai gidan ce, muryarta sumul kamar ta rediyo — ga tsofaffin kaya, ga na zamani, Baba ya fi son a gauraya su don su riƙa hira da juna. Hira! Tulu da hira. Ni ba hira ta kawo ni ba, Ɗantala. Likkafanin uwarmu da ka sayar na zo nema.

Na san ba ka ji na. Kana can Zoza ka laɓe a gonar gyaɗa, ka bar ni ni yayarka da hawa acaɓa tun daga Rogo, bayana kamar zai ɓalle. Amma sai na faɗa maka. Wai ka zaci tsohon zanen gado ne. Zanen gado! Ƙato da kai, da gemu, da 'ya'ya huɗu, ba ka san mutanen da suna tanadin likkafaninsu tun suna da ƙarfi ba? Audugar gonar da ke bayan gidanmu, damina uku Inna tana tarawa. Ita ta gurje, ita ta kaɗa zaren, yatsunta fari fat da alli, mazari na juyawa muna barcin rana a gefenta… Baba Jibo, mahaifinmu, ya saƙa. Zare ɗaya, saƙa ɗaya, ya yanka biyu — nasa da nata. Nasa ya tafi da shi shekara goma sha tara ke nan. Nata yana cikin adudu yana jira.

Yana jira. A da.

Kwana goma sha ɗaya tun da ta kwanta. Ido ya tafi, amma hannu yana nan. Kullum da safe, kafin ta karɓi koko: Mas'uda, ɗauko mini kayana in taɓa. Ni kuma ƙarya, ƙarya, ƙarya — Inna na kai Rogo ajiya saboda gara, Inna makullin ya ɓata, Inna gobe. Mace mai shekara arba'in da shida tana yi wa uwarta ƙarya a bakin kabari. Ka ga abin da ka mai da ni?

Wannan kuma mene ne? Kan mutum na yumɓu, ido a huje, wai daga ƙasa aka tono shi, wai ya fi shekara dubu. Ya yi ta kallona. Kalle ni da kyau, kai ma sato ka aka yi. Gefensa saniya, an ƙera ta da sarƙar keke da tsofaffin cokula, nononta marfin tukunya — maƙeran garin Beli da sun ga wannan sai sun yi dariya har su faɗi. Ga akushi. Akushi, Ɗantala! Irin wanda muke zuba wa kaji dusa, an ɗora shi a kan farin dutse shi kaɗai kamar hakimi. Butocin roba guda nawa ne waɗannan, an zarge su a igiya tun daga sama har ƙasa? Mutane na neman ta alwala, su suna rataye da ɗari. A'a yarinya, ba na son ruwa. Na gode. Ci gaba kawai.

Sulle dillali ya rantse nan ya kawo. Shi da babur ɗinsa da buhunansa, ƙauye ƙauye, ina masu tsohon kaya — kamar angulu, ya san gidan da tsohuwa take. Sai da na tare shi ranar kasuwa a gaban jama'a, na riƙe kan babur ɗin, kafin bakinsa ya buɗe. Wai ai Alhaji mutumin kirki ne, yana adana tarihi. Tarihi? Inna tana numfashi. Jiya ma ta zage ni a kan gishirin miya.

Mazari a gilashi… uku, huɗu. Kada in duba da kyau. In na ga nata a ciki zan fasa gilashin nan, wallahi zan fasa, a kira 'yan sanda.

Hidaya, matarka, mai hankalin gidan, wai a sayo farin alawayyo a kasuwa a miƙa mata, ai ba ta gani. Ba ta gani! Matar da ke shafa zane sau ɗaya ta gaya maka garin da aka saƙa shi? Ni tela ce, shekara ashirin ina kan keke, har yau in na kai mata ɗinki da yatsa take kama ni. Zaren da ta kaɗa da kanta za a ɓoye mata? Za ta shafa, ta yi shiru, ta ce Allah ya yi muku albarka — wannan shirun ne ba zan iya ɗauka ba.

Wani ɗakin kuma. Wannan ya fi haske. Bango guda cur…

Tsaya.

A'a. A'a, ba shi ba ne. Wannan ai shuɗi ne da ja da rawaya, kasuwa ce aka zana, mata da faranti a ka, a-daidaita-sahu, wani yaro yana dariya haƙora waje, an ɗinka marafan lemo a jiki suna ƙyalli. Namu fari ne. Fari ƙal, mai ƙamshin kanumfari. Wannan ba…

Ɗinkin. Dubi ɗinkin da ya haɗa ƙwaryar saƙa da 'yar'uwarta, faɗin yatsa huɗu kowace, allura tana komawa baya bayan kowane taku uku. Mutum ɗaya ne ke ɗinki haka a duk ƙasar Rogo, Baba Jibo, kuma yana kwance a maƙabartar da ke gabas da Zoza. Ga inda zaren ya yi kauri, nan, ƙarƙashin tayar a-daidaita — shekarar da yatsanta ya kumbura ta ƙi ajiye mazari. Inna. Inna, sun yi miki fenti.

Kada a taɓa? Ni za ki ce wa kada a taɓa? Yarinya, janye hannunki. Ban ce komai ba. Bakina a rufe yake, ƙirjina ne ke ihu.

Ga 'yar takarda a gefe, da Hausa da Turanci. Aikin Nasiru wane, matashin mai zane, ya yi karatu a ƙasar waje. Fentin mai a kan tsohuwar saƙar hannu. Ba a san mai ita ba.

Ba a san mai ita ba! An tambaya? Daga nan zuwa Zoza awa nawa ne? Ku hau mota ku je, ɗaki na biyu hannun dama, za ku same ta a kan tabarma tana tari, sunanta Saude, ta haifi tara ta binne biyar, ba ta taɓa cin abin wani ba. Kai Nasiru, da kake shafa jan fentinka, hannunka bai yi sanyi ba? Ba ka ga babu ado ko ɗaya a jiki ba, babu baki, babu geza? Wace mace ce za ta yi damina uku a kan zanen da ba a ƙawata shi ba, in ba wanda za a sadu da Ubangiji a cikinsa ba? Duk karatun nan, ba a koya muku wannan ba? Kakarka ba ta da adudu?

Fentin mai… ba ya fita. Na sani, ni tela ce. Ko an kwana ana dirza da kananzir. Kuma da hoton mutane a jiki — wane liman ne zai sallaci gawa da yaro yana dariya a ƙirjinta?

Ɗantala, Allah ya isa — a'a. Tsaya. Laifi tudu ne. Wa ya ce a kwashe? Ranar da rufin ɗakinta ya zuba, tana asibiti ana duba idon, wa ya tsaya a tsakar gida da tsintsiya yana cewa fitar da tarkacen nan duka, in Sulle ya zo ka ba shi ya rage mana? Na ga adudun. Na gan shi da idona a bakin ƙofa. Na san abin da ke ciki. Tun ina yarinya na tsane shi, duk kaka sai ta fito da shi ta shanya a igiya tana waƙa, ni kuma in ruga bayan rumbu in toshe kunne, don kada in ga abin da za a naɗe uwata. Na gan shi… na juya baya na ci gaba da shara. Ban ce ka bayar ba. Ban ce ka bari ba.

Ga mai gidan. Yawwa. Zo, Alhaji, zo, kai nake jira, tun daga Rogo nake wasa maganata. Tsoho ne ashe, da sanda, rigarsa ma ba ta kai ta limaminmu ba. Sannu da zuwa Hajiya, yaya hanya, yaya mutanen gida — lafiya lau, lafiya lau, ji bakina yana amsawa kamar ba nawa ba. Na faɗa. Ban san yadda na faɗa ba, kalma biyar ko shida, duk abin da na wasa ya zube. Likkafanin mahaifiyata ne. Tana raye.

To, yi musu mana. Ce ka saya. Ce in kawo shaida, ce in fita, kira mai gadi! Me ya sa kake salati? Me ya sa ka cire hula? Kada ka yi mini haka, bawan Allah. Kada ka ba ni haƙuri. In ka ba ni haƙuri ina zan kai wannan wutar? Wai tasa uwar ma ta yi irinsa, a garin Yammedi, shi ya manta… ya manta ana yi. Shi da kansa yake hawa kujera, Kausar na riƙe da shi, yana zare ƙusoshi ɗaya ɗaya.

Ga shi a hannuna. Nauyi. Ya sandare kamar fatar da ta sha rana, yana warin fenti, marafan lemo suna soka mini ƙirji. In juya bayan — ya ratsa. Shuɗin ya ratsa har baya.

Amma ƙasan… can ƙasa, inda aka naɗe a bayan katakon da ya riƙe shi a bango, fentin bai kai ba. Fari. Laushi. Ita ce, ita ce sak. Bari in shimfiɗa a ƙasa, ku yi haƙuri, ku matsa. Mace guda biyar ake mata: zane, riga, kallabi, mayafi biyu. Daga gwiwar hannu zuwa yatsa — kamu ɗaya. Da taƙi. Kamu ɗaya da taƙi…

Kallabi ke nan. Kallabi kawai, shi ma da ƙyar.

Bari in sake aunawa. Wataƙila hannuna ne ya yi tsawo. Kamu ɗaya… da taƙi. Bari in sake.